Jarka da Tankar Yaƙi: Yinin da Na Yi a Munster

Sana'ata sayar da kayan manyan motoci a kasuwar Ƙofar Ruwa da ke Kano, ita ce kuma ta kai ni Hamburg a ƙarshen watan Agusta. Kwana tara na yi ina zarya a titin Billstrasse, inda ake tara tsofaffin kayan da za a turo Afirka, ina duba injina da giyabos da kuloci har idona ya gaji. Ranar Juma'a da yamma aka ce lodin kwantenarmu sai Litinin. Ɗan yayata da ke karatun injiniya a garin, wanda a wurinsa na sauka, ya dube ni ya ce, "Kawu, kai da ba ka gajiya da ƙarfe, gobe zan kai ka inda za ka ga ƙarfen da ya girgiza duniya."

Ya san lagona. Mahaifina direban Marsandi 911 ne, shekara da shekaru yana hanyar Kano zuwa Maiduguri, kuma tun ina yaron motarsa nake jin yana cewa ƙarfen Jamus ba ya ƙarya. Tsofaffin unguwarmu kuma in suka ɗauko hirar yaƙin Hitila, maganarsu ɗaya ce: Bajamushe da mota ya ci duniya. Da wannan tunanin na shiga jirgin ƙasa da sassafe.

Garin sunansa Munster, a jihar Lower Saxony. Yaron ya ja kunnena tun a wurin yankar tikiti cewa akwai wani babban birni mai kusan irin sunan, Münster mai ɗigo biyu a kai, can yamma, kuma baƙi da yawa sukan ɓata. Mun yi kamar awa ɗaya zuwa Uelzen, muka canja zuwa ƙaramin jirgi da ya ratsa daji mai dogayen itatuwa da filayen wata ciyawa da ke fure ruwan hoda mai duhu a wannan lokaci na shekara. Munster garin soja ne, barikinsa na cikin mafi girma a Jamus. Daga tasha muka taka da ƙafa zuwa gidan tarihin tankokin yaƙi, wanda aka buɗe a 1983. A jikin bangon gaba an rubuta wata jimla da manyan baƙaƙe. Yaron ya fassara mini: wanda yake son zaman lafiya, to ya yi maganar yaƙi.

Abin da ya fara tarbata shi ne wari. Baƙin mai, tsohuwar roba, ƙarfe mai sanyi. Warin garejinmu ne sak, har hankalina ya kwanta.

Mun wuce kwaikwayon tankar Jamus ta Yaƙin Duniya na Ɗaya, wata ƙatuwar akwatin ƙarfe mai suna A7V da ke ɗaukar mutum 18, wadda guda 20 kacal suka ƙera. Na tsaya ne a gaban tankar Panzer I ta zamanin Hitila, don ban yi zaton ƙanƙantarta ta kai haka ba. Nauyinta tan 5 da ɗoriya, mutum biyu ke shiga, ba ta da igwa sai mashinga biyu, sulkenta kuwa milimita 13, bai kai kaurin ɗan yatsa ba. Tifar da ke kawo mana yashi ta fi ta girma. Yarjejeniyar Versailles ta 1919 ta haramta wa Jamus mallakar tanka, don haka da suka fara ƙera wannan a ɓoye sai suka rubuta a takarda cewa taraktar noma ce. Kafin nan ma da motoci da aka lulluɓe da katako da tamfol suke atisaye, wasu hafsoshinsu kuma suna koyon tuƙin tanka a asirce a kusa da Kazan, cikin Tarayyar Sobiyet, daga 1929 zuwa 1933. A 1935 suka kafa rundunonin tankoki uku na farko.

Na tambayi yaron yadda aka yi da irin wannan abu aka kayar da Faransa cikin mako shida a 1940. Sai ya ja ni gaban Panzer III ya nuna mini wata siririyar sanda a gefenta. Eriya ce. Heinz Guderian, janar ɗin da ya fi kowa dagewa kan rundunar tankoki, jami'in sadarwa ne a yaƙin farko, shi ya sa ya nace a sa rediyo a kowace tanka. A cikin Panzer III mutum biyar ne: direba, mai rediyo, mai ɗura harsashi, mai harbi, da kwamanda wanda aikinsa kallo da ba da umarni kawai. A yawancin tankokin Faransa kuwa mutum ɗaya ne a hasumiya, shi ne kwamanda, shi ke ɗura, shi ke saiti, shi ke harbi, da yawa kuma ba rediyo, sai alama da tuta. Duk wanda ya taɓa tuƙa babbar mota ba yaron mota ya san abin da wannan ke nufi. Faransa da Ingila sun fi Jamus yawan tankoki a 1940, wasu nasu ma sun fi kaurin sulke, amma sun rarraba da yawansu cikin sojan ƙafa. Jamus ta tara nata wuri ɗaya.

Ran 10 ga Mayu 1940 suka fara. Suka bi ta dajin Ardennes, inda Faransawa ke ganin manyan motoci ba za su wuce da sauri ba, ran 13 suka tsallake kogin Meuse a Sedan da taimakon jiragen Stuka masu sauko da bam kamar shaho, ran 20 sun isa bakin teku kusa da Abbeville, sun yanke rundunonin Ingila da Faransa da Beljiyam daga baya. Dabarar ita ce a huda wuri ɗaya, a kutsa, kada a tsaya share gefe, a je a tarwatsa hedikwata da layukan waya da ma'ajiyar kaya, sojan ƙafa su biyo baya su tattara waɗanda aka kewaye. 'Yan jarida suka yaɗa mata suna Blitzkrieg, wato yaƙin walƙiya. Akwai kuma abin da ba ya fitowa a hoto: ƙwayar hana barci mai suna Pervitin, wadda aka raba wa sojoji miliyoyinta a waɗannan watanni don direbobi su kwana biyu uku ba su runtsa ba. Da na ji haka sai na tuna direbobinmu na dogon zango da ƙwayoyin da ke cin rayuwarsu. Ciwon ɗaya ne, kuma bashin barci sai an biya shi.

Daga nan na bar yaron yana karanta alluna, na koma wajen ƙananan motoci, don nan ne fagena. Ga Kübelwagen, 'yar ƙaramar motar Volkswagen mai bodi kamar kwano, injinta a baya, iska ke sanyaya shi, ba lagireto balle a nemi ruwa a hamada ko ya daskare a sanyi. Sun ƙera kusan 50,000. Duk wanda ya san Bitil ta zamanin iyayenmu zai gane dangin injin nan da kallo ɗaya. Ga 'yar'uwarta Schwimmwagen mai farfela a baya da ke shiga ruwa. Ga Kettenkrad, gaba babur baya sarƙa. Ga motar ɗaukar sojoji mai taya a gaba da sarƙa a baya, wadda na saba gani a hotuna cike da sojoji, alhali kaɗan ne daga cikinsu suka taɓa samun shiga irinta.

A jikin ɗaya daga cikin motocin nan na ga abin da ya fi komai tsaya mini a rai. Jarka ce ta ƙarfe, an ɗaure ta a gefe, fentinta ya koɗe. Na durƙusa na ƙare mata kallo. Lita 20. Hannu uku a jere a sama, don mutum ɗaya ya riƙe na tsakiya, ko mutum biyu su kama na gefe-gefe, ko a miƙa ta hannu zuwa hannu a layi, ko mutum ya kwashi huɗu in babu komai ciki. A jikinta an danna wata alama kamar gicciye don ƙarfen ya yi ƙwari ya kuma samu wurin buɗawa in mai ya ɗauki zafi. Murfinta na ɗagawa ne, ba ya bukatar sifana, kuma akwai 'yar hanyar iska a baki don man ya zuba ba tare da kwankwaɗa ba. A sama an bar wurin iska, ko ta faɗa ruwa ba ta nutsewa. Jamusawa suka ƙirƙiro ta a wajen 1937. Sojojin Ingila a hamadar Libiya da Masar da garwa suke ɗaukar fetur, irin garwar kananzir mai galan huɗu da 'yan ga-ruwa suka daɗe suna amfani da ita a Kano, kuma tana tsagewa a kan hanya, mai yana tsiyaya cikin rairayi. Da suka ga ta Jamusawa sai suka riƙa tsinta, daga baya suka kwaikwaya. Ingilishi suna yi wa Bajamushe laƙabi da Jeri, sai suka kira ta gwangwanin Jeri da harshensu, sunan ya bi duniya har ya iso bakinmu ya zama jarka. Na yi shekara fiye da arba'in ina faɗin kalmar nan kullum, a gidan mai, a wurin mai manja, a bakin famfo, ban taɓa sanin daga wannan yaƙin ta fito ba.

Kuma jarkar ce ta buɗe mini sauran labarin, domin tanka ba ta tafiya sai da abin da ke cikinta. Sai da ruwan ciki ake jan na rijiya.

Yaron ya dawo ya same ni, ya ce, "Kawu, ka san yawancin sojan Hitila da ƙafa da doki suka yi yaƙin nan?" Na ce ban yarda ba. Ya ce a cikin rundunoni fiye da 130 da suka fuskanci Faransa, 10 ne kawai na tankoki. Rundunar sojan ƙafa ɗaya tana da dawaki kusan 5,000, su ke jan igwa da abinci da harsashi. Da suka afka wa Tarayyar Sobiyet ran 22 ga Yuni 1941, da sojoji fiye da miliyan 3 da tankoki fiye da 3,000, sun tafi da motoci kusan 600,000 da dawaki aƙalla 600,000. A tsawon yaƙin gaba ɗaya sun yi amfani da dawaki kusan miliyan 2 da dubu 750. Masu ɗaukar hoton farfaganda tanka suke nunawa, ba sa nuna keken doki da ke bayanta da nisan kwana uku.

Abin da ya fi ba ni tsoro a matsayina na mai sayar da kayan gyara shi ne motocin. Ba su da isassun nasu irin su Opel Blitz mai ɗaukar tan 3, sai suka kwashe na Faransa da Beljiyam da Cekoslobakiya da na farar hula, har aka shiga Rasha da nau'in mota kusan 2,000. Ni da nake riƙe kayan kamfani huɗu ko biyar na san wahalar da ke ciki: boris ɗin wannan ba ya shiga wancan, notin wancan awonsa daban. To ina ga nau'i 2,000, a nisan kilomita dubu daga gida, a hanyar da ba kwalta? Layin dogon Rasha ma ya fi na Jamus faɗi, sai an sake shimfiɗa shi kafin jirginsu ya hau. Ƙurar bazara ta ci injina, ruwan Oktoba ya mayar da hanyoyi taɓo har gindin mota, sanyin Disamba ya daskarar da baƙin mai har sai an hura wuta a ƙarƙashin inji. Suka tsaya a ƙofar Mosko. Na je na duba tankar T-34 ta Rasha da ke gidan tarihin. Waldarta ba kyau, aikin gaggawa ne, amma sarƙarta faffaɗa ce, injinta na gas ne, kuma an ƙera fiye da 50,000 kafin yaƙin ya ƙare.

Haka ta faru da Janar Rommel, kwamandan sojan Jamus a Arewacin Afirka. Ya sauka Tarabulus ta Libiya a Fabrairun 1941, ya yi ta kora Ingilishi, amma duk nasarar da ya samu tana ƙara masa nisa da tashar jirgin ruwansa. Daga Tarabulus zuwa El Alamein ya fi kilomita 2,000, wato kamar Kano zuwa Legas sau biyu, a kan titi guda a bakin teku, motar da ta ɗauko mai tana shan wani kaso mai yawa na man kafin ta isa. A nan ne garinmu ya shigo labarin. Daga 1940 Ingilishi suna sauke jiragen yaƙi a akwatuna a Takoradi, a Gana ta yau, su haɗa su, su tashi ta Legas, Kano, Maiduguri, Fort Lamy wato Njamena, Janaina, Fashir, Khartum, har Alkahira. Jirage fiye da 5,000 suka bi wannan hanya, kuma irinsu ne suka riƙa ƙona ayarin motocin man Rommel. Jamusawa sun san da ita, domin a Janairun 1942 wani jirginsu guda ya ratso Sahara ya jefa bam a filin jirgin Fort Lamy ya ƙona ma'ajiyar mai. A Nuwamban 1942 aka karya Rommel a El Alamein, a Mayun 1943 ragowar rundunar ta miƙa wuya a Tunisiya.

Mun fita waje muka yi alwala da ruwan gora, muka haɗa Azahar da La'asar a gindin wata bishiya, muka ci burodi da dabino, sannan muka koma don manyan.

Tiger II tana tsaye kamar ɗaki. Na miƙa hannu sama ban kai rufin bodinta da kyau ba. Tan kusan 70, wato buhun siminti 1,400, lodin tirela biyu da ƙari. Mutane suna ta ɗaukar hoto da bakin igwarta mai milimita 88, ni kuwa na zagaya na tsuguna a wajen ƙafafun. An jera su suna hawa kan juna. A kan Panther da ke kusa abin ya fi tsanani, domin ƙafafun a saƙe suke, in ta ciki ta lalace sai ka kwance na waje da yawa kafin ka kai gare ta, in taɓo ya shiga tsakani ya daskare da dare kuma da safe ba motsi. Injin da ke jan wannan dutse Maybach ne na fetur mai ƙarfin doki 700, shi ne dai wanda ke cikin Panther mai tan 45. An ɗora wa jaki kayan raƙumi. Giya da haƙoran da ke juya sarƙa suna karyewa, injin yana zafi. Tankinta yana cin lita 860, jarka 43 ke nan, kuma a kan titi mai kyau bai fi ya kai ta kilomita 170 ba. In ta tashi daga Kano da ƙyar za ta wuce Zariya, ba za ta ga Kaduna ba. Gadoji da yawa ba sa ɗaukarta, in ta mutu a hanya kuma sai an haɗa motocin ja da yawa. Ba su kai 500 ba da aka ƙera. Tiger ta farko kusan 1,350, Panther kusan 6,000, alhali Amurka ta fitar da tankarta Sherman kusan 50,000, masu sauƙin kwancewa da ɗaurawa, kayan wannan yana shiga waccan.

A ganina wanda ya zana Tiger II gwani ne, amma wanda ya amince a ƙera ta bai taɓa kwana a ƙarƙashin mota a daji ba. A Agustan 1944 Jamus ta rasa rijiyoyin man Ploiesti na Romaniya, jiragen Amurka da Ingila kuma suna ragargaza masana'antun da ke tace mai daga kwal. A Disambar shekarar, a dajin Ardennes ɗin da suka yi abin mamaki a 1940, wata rundunar Jamus ta ƙare da mai a ƙauyen La Gleize na Beljiyam, ta bar tankokinta ta gudu da ƙafa cikin dare. Ɗaya daga cikin tankokin tana ƙauyen har yau.

Muna hanyar komawa tasha ina ta yaba aikin jarkar da injin Kübelwagen, sai yaron ya yi shiru, sannan ya ce, "Kawu, ka yi haƙuri, akwai abin da ya kamata ka haɗa da wannan." Ya ce masana'antar da ta ƙera Kübelwagen ta yi aiki da mutane kusan 20,000 da aka tilasta, fursunonin yaƙi da waɗanda aka kamo daga Folan da Rasha da sansanonin azaba. Ya nuna kudu da hannu ya ce sansanin Bergen-Belsen, inda mutane fiye da 50,000 suka mutu, yawancinsu Yahudawa, ba shi da nisa da inda muke tsaye, cikin wannan dajin mai furen da na yi ta sha'awa da safe.

Sai ya ce a makonnin nan shida na 1940 akwai baƙaƙen sojoji dubbai a rundunar Faransa, waɗanda aka ɗebo daga ƙasashen Afirka ta Yamma da take mulka. Da yawa da suka miƙa wuya an ware su daga fararen aka harbe su, saboda launin fatarsu kawai. Masana tarihi sun ƙiyasta tsakanin 1,500 da 3,000. Ran 7 ga Yuni a garin Airaines sojojin Jamus suka harbe Kyaftin Charles N'Tchoréré, ɗan Gabon, bayan ya miƙa wuya, don ya ƙi yarda a raba shi da sauran hafsoshi. Ran 20 ga Yuni a Chasselay, kusa da Lyon, aka kora wasu kusan 50 cikin wani fili, tankoki suka buɗe musu wuta ta baya, sannan suka bi ta kansu. Irin tankokin da na yini ina shafa ƙafafunsu.

Na yi salati. Mun zauna a benci a tasha, jirgin da saura minti 20, ban iya cewa komai ba. Ya ciro waya ya nuna mini hoton maƙabartarsu a Chasselay. Katanga ce ja mai tsinin zanko a kusurwoyi, kamar ginin ƙasa na ƙasashenmu, tsaye a tsakiyar gonakin Faransa, ciki kuma kaburbura kusan 200 a jere, wasu da suna wasu babu. Na karɓi wayar na ƙara girman hoton ina bin duwatsun ɗaya bayan ɗaya, na yi musu addu'a.

Da jirgin ya iso muka shiga, na ce masa ya duba mana nawa ne kuɗin tafiya daga Hamburg zuwa Lyon, kuma kwana nawa zai iya samu daga makaranta in na dawo ɗaukar kaya bayan Sallah.